Wayar Inna da Sunan Ɗan Fari

Ranar Asabar ce, bayan sallar la'asar, a makon da ya biyo bayan ƙaramar sallah. Mu huɗu ne a tsakar gidanmu na cikin garin Suleja: Inna a kan tabarma bakin ƙofar ɗakinta, ƙanena Auta tsugunne a gabanta, abokinsa tela zaune a kan turmin da aka kife, ni kuma a kan benci kusa da rijiya, inda na saba zama in na zo gaishe ta. Auta ne ya tara mu, domin ya kawo wa Inna sabuwar waya.

Tsohuwar wayarta mai madannai ce. Inna ba ta yi boko ba, amma ta san kowace lamba da siffarta, ta kuma haddace lambobin duk wanda take kira. Da yanar ido ta fara rufe mata gani sai abin ya rikice, ta riƙa faɗawa kan mutanen da ba su ta nufa ba. Akwai ranar da ta yi wa wani mai sayar da taya a Kaduna ta'aziyya tun daga gaisuwa har addu'a, kafin bawan Allah ya samu sararin gaya mata cewa shi ba a yi masa rasuwa ba. Auta yana da shagon gyaran waya a bakin titin Gauraka, shi ya sa ya ɗauki matsalar a matsayin tasa.

Ya ce, "Inna, wannan ba ruwanta da ido. Magana kawai za ki yi mata. Ki danna nan gefe ki riƙe, ki ce kol, sai ki faɗi sunan wanda kike nema."

"Kol ɗin mene ne?"

"Kira ke nan da Turanci."

"To me ya hana a ce kira?"

"Ba ta jin Hausa."

"Ta zo zama Suleja ba ta jin Hausa? Mutanen kudu na kasuwa ma suna ji."

Duk da haka ta karɓa. Ta danna, ta fara yi wa wayar sannu da zuwa, muryar mace ta amsa mata da Turanci cewa ba ta gane ba. Inna ta ce, "Au, baturiya ce a ciki." Daga ranar sunan muryar ke nan a gidanmu. A gwaji na gaba ta ce kol, ta faɗi sunan Auta na yanka, sai ga aljihunsa yana ƙara. Ta yi dariya har ta rufe baki da gefen zane. Ta kira ƙanwarmu da ke aure a Minna, ta kira tela yana zaune a gabanta don ta ji tasa wayar ta yi kuka.

Auta ya ce, "Saura Yaya."

Inna ta ajiye wayar a kan tabarma, ta ɗaga kai sama, ta ce, "Wai an kwashe shanyar nan kuwa? Ina jin ƙamshin hadari." Babu shanya a igiya, sama kuma tas take. Tela ya tuntsire da dariya har ya kusa sulluɓowa daga kan turmi.

Ni ne ɗanta na fari, kuma sunan kakana na wajen uba aka sa mini. Kunya biyu ke nan a kan suna ɗaya, ta ɗan fari da ta suruki. Da aka yaye ni kakata ta ɗauke ni zuwa sashenta, a can na yi wayo. Ita ke kirana maigida, ita nake yi wa rigima. Inna kuwa tana da nata hanyoyin. In da ƙannena take magana, ni ne "yayanku". In da baƙi ne, "wancan". Da na fara aiki a gidan rediyo na zama "mutumin Abuja", alhali a nan Suleja nake haya, kullum da asuba in bi layin mota tare da sauran masu tafiya aiki. In na gaishe ta takan amsa tana kallon bango. Ba a taɓa kawo mini abinci aka ce daga gare ta yake ba, sai dai a ce "an ce a kawo", amma naman da ke kwanona ya fi na kowa. Auta ya gaya mini ba ta barin labaran da nake karantawa su wuce ta, rediyonta yana kan taga. Sai dai da zarar na zo ƙarshe, wurin da mai karatu ke faɗin sunansa, sai ta tuna tana da aiki a madafa.

Ban taɓa ɗaukar wannan a matsayin rashin so ba, kuma duk wanda ya tashi a gida irin namu ba zai ɗauka haka ba. Matan yanzu sun bar al'adar. Matata tana ƙwala wa ɗanmu na fari kira da sunansa tun daga ƙofar gida har maƙwabta su ji. Abin da zan iya cewa shi ne na haura shekara arba'in ban ji sunana a bakin uwata ba, kuma ina so in ji. Aikina ya koya mini cewa kowane baki da yadda yake ɗaukar suna, wani ya ja ƙarshensa, wani ya haɗiye tsakiyarsa. Na san yadda kowa ke faɗin nawa, daga shugaban sashenmu har mai shayin tasha. Nata ne kaɗai ban sani ba.

Auta ya ga matsalar mai sauƙi ce. Ya ce, "To shi ke nan, bari in goge sunan in rubuta Rediyo. Sai ki ce kol Rediyo."

Inna ta kai hannu ta dafe wayar. Ta ce, "Sunan da ubansa ya yanka rago a kai, kai ne za ka goge? Kai a wa?"

"To ki faɗa mana."

"Ka ji ɗan banza. Tashi ka ba ni wuri."

Haka aka tashi: ba za ta faɗa ba, ba kuma za a canja ba. Daga nan duk lokacin da take nemana sai ta kira Auta a shago, ta ce ya ce wa yayansa ana nemansa, shi kuma ya kira ni yana mita cewa an mai da shi ɗan aike.

Auta da tela suna da wata sana'a ta biyu, wadda ba ta kawo musu komai sai sanuwa a unguwa. 'Yan gajerun finafinan ban dariya suke ɗauka da waya, na minti ɗaya ko biyu, su sa a intanet, kuma kusan duka a kan yadda na'ura ke kunyata mutum ne. Sun yi na wani ma'aikaci da ya shiga taron ofis ta bidiyo, sama riga da hula, ƙasa gajeren wando, yana rantsuwa yana cikin Abuja, ga kwandasta a bayansa yana ta kiran Kaduna. Sun yi na direban da taswirar waya ta yi ta ce masa ya miƙe, har ya tsinci kansa a tsakiyar gonar shinkafa bayan Dutsen Zuma, mai gona ya zo yana tambayarsa ko taki ya kawo. Wanda ya fi tafiya shi ne na baƙon da wayarsa ta haɗu da lasifikar biki ba da saninsa ba, taro duka ya ji saƙon da ya tura wa abokinsa yana kushe shinkafar amarya. In ana bukatar tsohuwa, tela ne ke ɗaura zane.

Ni ke riƙe musu sauti. Na kalli fim ɗinsu na farko, hoto fes, murya kamar daga cikin rijiya, sai na kasa haƙuri. Na samo musu ƙaramin makirfo da ake maƙalawa a wuyan riga, nakan zauna gefe da abin ji a kunne in ce a dakata in babur ya wuce. Nakan duba musu rubutun ma, ko da yake a nan ba mu cika shiri ba. Auta yakan ce, "Yaya, wannan fa ba labaran duniya ba ne. Wa ka taɓa ji ya ce bugu da ƙari a tasha?"

Tela ne ya fara cewa abin da ya faru ranar Asabar ɗin nan fim ne sukutum. Auta ya yarda nan take, suka zo gidana muka zauna. Labarin da muka tsara mai sauƙi ne. Wata tsohuwa za ta tafi biki, ta gama shiri, sai ta tarar ɗanta na fari ya fita ya kulle ƙofar gida ta waje da kwaɗo, yana zaton ta riga ta tafi. Motar 'yan biki tana hon a bakin layi. Makulli yana aljihunsa, ba kuma yadda za ta same shi sai ta faɗa wa wayar sunansa. Ta gwada duk dabarun da ta sani, waya ta ƙi. Ƙarshen ni na rubuta shi: tsohuwa ta duba dama da hagu, ta lulluɓe kanta da wayar cikin mayafi, ta raɗa sunan. Waya ta ce ba ta ji ba. Ta ɗan ƙara murya. Waya ta ce a maimaita. Daga ƙarshe ta ƙwala shi har tantabaru su tashi daga kan rufi.

Auta ya karanta, ya ɗago ya dube ni. Ya ce, "Yaya, sunanka ne fa a nan."

Na ce, "Da wayar Inna za a ɗauka. Sunan da ke ciki shi za ta amsa."

A lokacin tela ne zai fito a tsohuwa, don haka maganar ta tsaya a nan.

A tsakar gidan Inna muka yi gwaji, saboda can ne ake da ƙofar ƙarfe da katanga irin wadda labarin ke so. Tela ya ɗaura zane, ya tanƙware baya, ya riƙa karkarwa da murya kamar akuya mai mura. Inna tana zaune tana tsince shinkafa da lalube, kunnenta na wurinmu. Ba ta daɗe ba ta ajiye faifai.

"Kai tela. Wace tsohuwa ce a garin nan take magana haka?"

"Wasa ne, Inna."

"Wasan ma ai da kama. Kakarka haka take yi? Kuma matar da za ta biki ba ta fara faɗa da waya. Lallashi take fara yi. Miƙo nan in nuna maka."

Ta karɓi wayar, ta gyara zama, ta sassauta murya kamar mai roƙon maƙwabciya aron tukunya. Ta ce, "Haba 'yar nan, ke ma fa watarana uwa ce. Kol yaron nan. Kin san shi ai, dogon nan da ya fita ɗazu." Baturiya ta ce ba ta samu wannan sunan ba. Inna ta ce, "To kol babban. Babban nawa. Ke wai ba ki da manya a gidanku?"

Auta ya zauna a ƙasa don dariya. Tela ya kwance zanen ya ninke, ya ce shi ya yi ritaya. Suka shiga roƙonta ta fito da kanta. Ta ce Allah ya kiyaye a ga fuskarta a wayoyin mutane, jikoki gare ta. Auta ya ce ba za a nuna fuska ba, ta bayan kafaɗa zai ɗauka, hannunta da wayar kawai za a gani. Ta ce in dai haka ne, kuma in ba za a hana ta sallar walaha ba, to. Auta ya karanta mata labarin daga farko har ƙarshe, da sunan da komai. Ina kallonta daga kan benci. Da ya zo wurin sunan ba ta motsa ba, ta ci gaba da tsince shinkafarta. Abin da ta ce kawai shi ne tsohuwar da za ta biki ba za ta fito ba turare ba, a sa wannan a ciki.

Makon nan na yi shi ina jiran Asabar, ranar da aka sa za a ɗauki fim ɗin, kamar yaron da aka yi wa alkawarin tafiya. A cikin mota, tsakanin Zuma da shiga Abuja inda cunkoso ke tsayar da mu, nakan kama kaina ina ƙiyasta yadda za ta faɗe shi. Ko za ta ja wasalin ƙarshe kamar yadda take yi wa Auta. Ko za ta faɗe shi a dunƙule, irin na mutanen da, kamar yadda tsofaffin unguwa ke kiran kakana in sun tuna da shi. Na san fim ne, na san cewa za a yi tsohuwar cikin labari ce ta faɗa. Ban damu ba. Makirfo ba ya bambance wannan.

Da hantsi muka fara, domin hasken ya fi kyau, kuma mai injin markaɗe na bayan gidanmu ba ya tayar da shi sai wajen azahar. Inna ta fito cikin atamfarta ta zuwa biki da babban mayafi, ta fesa turare duk da an gaya mata ba a jin ƙamshi a waya. Auta ne ya maƙala mata makirfo a wuyan riga, don ni ba zan matsa kusa haka ba. Na zauna a kan bencina na sa abin ji a kunne. Nan take muryarta ta cika mini kai. Ban taɓa jin ta kusa haka ba. Ina jin ƙarar awarwaronta, ina jin yadda take haɗiye yawu kafin ta yi magana.

Auta ya ce, "Akshin."

Ta ce, "Me?"

"Ki fara."

"To ka ce in fara mana. Kai ma baturiyar ce?"

Ba ta bi rubutu ba, kuma ba wanda ya so ta bi. Ta jijjiga ƙofa, ta yi salati, ta yi wa masu hon magana ta kan katanga cewa su yi haƙuri amarya ba guduwa za ta yi ba. Ta zauna ta lallashi wayar. Ta ce kol mai makulli. Ta ce kol wanda aka haifa shekarar da rufin ɗakin tsohuwa ya faɗi. Ta ce kol jikan mai goro, domin kakana goro ya sayar. Da baturiya ta ci gaba da ba ta haƙuri, sai ta juya faɗa: "Kullum sori, kullum sori. Ke ba a koya miki wata magana ba?" Sau biyu Auta ya tsayar da ɗauka saboda dariya ta ci ƙarfinsa, sau ɗaya ni na tsayar saboda jirgin sama.

Sai muka zo ƙarshe. Auta ya ce, "Inna, yanzu sai wurin mayafi." Ta ce ta sani. Ta duba dama, ta duba hagu, ta ja mayafin ta rufe kanta da wayar gaba ɗaya, ta zama ƙunshi guda a kan tabarma. Daga waje ba a jin komai. Ni kaɗai nake ciki tare da ita.

Ta ce, "Kol."

Wayar ta yi ɗan ƙaran da take yi in tana jira.

A rediyo tsoron shiru ake fara koya wa mutum. In ka bar iska ba magana, kafin ka ƙifta ido mai kula da na'ura ya ɗago kai. Wannan shirun na bar shi ya yi tsawonsa. Na ji leɓunanta sun rabu, makirfo mai kyau yana kama wannan. Na ji ta ja numfashi ta riƙe. Sannan ta sake shi a hankali babu komai a cikinsa. Baturiya ta ce ba ta ji ba, a sake gwadawa.

Sai Inna ta yi magana ƙasa-ƙasa, ba da muryar tsohuwar fim ba, da tata.

"Kai mai abin kunne. Na san kana ji."

Na dafe abin da hannu biyu.

"Na san wanda ya rubuta wurin nan. Auta ba shi da wannan dabarar." Ta ƙara da cewa, "Na gwada. Jiya ma na gwada da ba kowa a gidan. Bakin ba ya zuwa. Ka bar ni haka, ka ji?"

Auta ya waiwayo yana tambayata da hannu ko sauti ya lalace. Na yi masa alama ya ci gaba.

Ta ce, "Kuma ka daina fita ba ka karya ba. Ana ji a muryarka in kana labaran safe."

Ban taɓa jin ta yi mini magana mai tsawon haka kai tsaye ba, ba ta bakin wani ba, ba tana kallon bango ba. Ina da amsa, amma makirfo hanya ɗaya yake bi. Na zauna ina kallon ƙunshin mayafi daga inda nake.

Ta yaye mayafin da ƙarfi, ta dawo tsohuwar fim. Ta ce, "Wannan ƙarshen naku bai yi ba. Ba tsohuwar kirki da za ta yi haka ko da za a ɗaura auren ba ita. Tela, zaga bayan katanga. Kai kuma Auta, ɗauki abinka ka biyo ni."

Ta lalubi turmi ta jawo shi jikin katanga, Auta yana ihun kada ta faɗi, ta taka ta hau. Ta ɗaga wayar sama ta miƙa ta kan katanga, ta ɗaga murya: "Salamu alaikum, masu gida! Don Allah wa ya san sunan yaron nan nawa? A zo a gaya wa baturiyar nan, ni ta fi ƙarfina!" Tela, a matsayin maƙwabci, ya leƙo da buroshi a baki, ya ce, "Wanne daga ciki, Inna?" Ta ce, "In zan iya faɗin wanne, zan hau turmi?" Ya karɓa ya danna, ya faɗi sunana da ƙarfi, kumfa na fita. Wayata ta yi ƙara a aljihuna. Auta ya juyo da kyamara kaina ba shiri, aka gan ni zaune da abin ji a kunne ina laluben aljihu, kuma a haka fim ɗin ya ƙare. Ƙarshenta ya fi nawa ban dariya, wannan ba gardama.

Da zan tafi na durƙusa na yi mata sallama. Ta amsa tana kallon bango, ta ce wa Auta ya ce wa yayansa akwai dambu a kwano, a tafi wa yara da shi.

Ranar Litinin, tsakanin labaran rana da na yamma, na shiga ƙaramin ɗakin haɗa shirye-shirye na zuba sautin a kwamfuta. Aikin Auta bai ɗauke ni lokaci ba: na rage ƙarar iska, na daidaita muryar tela da ta Inna, na cire maganar ƙarƙashin mayafi na ajiye ta daban. Ban gaya wa Auta akwai ta ba. Bayan na gama sai na ga ina da muryar Inna mai yawa a gabana, tsaf, ba hayaniya, kuma yanka murya da haɗa ta shi ne abin da na fi iyawa. Sunana ba shi da tsawo. Na bi maganganunta ina neman gaɓoɓinsa. Na samu ta farko a cikin salatin da ta yi a bakin ƙofa, ta tsakiya a faɗanta da baturiya, ta ƙarshe a sallamar da ta yi ta kan katanga. Na yanko su, na jera, na goge bakin kowace don kada a ji wurin haɗi. Aikin ya yi kyau. Da zan sa wa wani abokin aiki ba zai gane an taɓa ba.

Na saurara. Muryarta ce, sunana ne, kowane harafi yana wurinsa. Amma ba kira ba ne. Gaɓar farko tana cikin tsoro, ta biyu tana faɗa, ta ƙarshe da maƙwabta take. Mai wannan muryar ba ta nufi kowa ba. Ya yi kama da yadda nake karanta sunan wani baƙon minista da ban taɓa gani ba, daidai, ba kuskure. Na sake saurara don in tabbata ba son raina ba ne, sannan na goge shi, na tafi na karɓi takardun labaran yamma.

Fim ɗin ya fita a ƙarshen makon, ya kuma yi tafiyar da ba wani nasu da ya taɓa yi. Yawancin waɗanda suka yi magana a ƙarƙashinsa 'ya'yan fari ne, kowa yana faɗin abin da tasa uwar ke kiransa: wani "mai sunan malam", wata "'yar gidan kaka", wani ya ce shi har ya yi jika "kai" ne kawai. Mata a wurin wani bikin suna suka gane muryar Inna duk da ba a ga fuskarta ba, suka riƙa tambayarta ko an buɗe mata ƙofar. Su Auta sun so ta sake fitowa, ta ce sau ɗaya ake hawa turmi.

Da damina ta ɗauke aka yi mata aikin ido, aka cire yanar, gani ya dawo. Auta ya kashe muryar baturiya, ya jera mata hotunanmu a fuskar wayar, kowa da nasa. Tun daga lokacin, in tana nemana, hotona take dannawa da yatsa.